Yashin Kogi: Wa Ya Yi Laifi, Wa Ke Shan Hukunci?

Gabatarwa

A cikin dukkan abubuwan da ake saye da sayarwa a ƙasar nan, da wuya a sami wanda ido ya raina kamar yashi. Da shi yara ke wasa a ƙofar gida, da shi mata ke suyar gyaɗa, shi ake zubawa a tsakar gida idan taɓo ya dami mutane. Ba wanda ya shuka shi, ba wanda ya yi masa noma ko ban-ruwa. Ruwan damina ne ke kawo shi, ya zube a kwarin kogi, ya yi gaba abinsa. Shi ya sa idan aka ji cewa an tare tifa a hanya, an tsare direbanta, an ci shi tara saboda ya ɗauko yashi ba da izini ba, abin da ke fara fitowa daga bakin jama'a shi ne, "Yashi kuma? Yanzu har yashi ya zama abin sata?"

A cikin wannan tambaya akwai wasu guda uku da masana falsafa da malaman shari'a suka daɗe suna kokawa da su. Ta farko, shin ana iya satar abin da ba shi da mai shi? Ta biyu, idan ɓarna ta fito daga hannun mutane da yawa, a wuyan wa za a rataya alhaki? Ta uku, mene ne ya raba hukunci da zalunci, tunda dukansu biyu ciwo suke sa wa mutum? Wannan muƙala za ta bi su ɗaya bayan ɗaya, ta ɗauki Kafanchan da kewayenta a matsayin madubi. Ra'ayin da za a kare shi ne cewa hukunta mai jigilar yashi ba bisa ƙa'ida ba daidai ne, amma da sharaɗin hukuncin ya bi yashin tun daga inda aka haƙo shi har inda aka sauke shi. Idan ya tsaya a kan direba kaɗai, to an bar jaki ana dukan taiki.

Garin da Ya Rabu da Raminsa

Kafanchan gari ne da jirgin ƙasa ya raya. A wajajen shekarar 1927 ta zama mahaɗar layin dogo, inda hanyar da ta taso daga Fatakwal ta rabu biyu, ɗaya ta nufi Kaduna, ɗaya ta haura Jos. A 1933 fadar Sarkin Jama'a ta dawo garin, ma'aikata da fatake daga sassa daban-daban na Nijeriya kuma suka yi ta zuwa suna zama tare da Fantswam da sauran al'ummomin da suka tarar. A wancan zamani akasarin gidajen talakawa na ƙasa ne. Mai gini yakan haƙi jar ƙasa a kusa da gidansa, ya kwaɓa, ya ɗora bango. Ramin da ya bari yana nan a gabansa: shi zai sha cizon sauron da ramin ya tara, ɗansa ne zai faɗa ciki idan ya yi zurfi. Saboda haka ba ya bukatar wata doka ta gaya masa inda zai tsaya, idonsa ya ishe shi.

Yau al'amarin ya sauya. Daga Kafanchan zuwa Kagoro, Zonkwa, Kwoi, Gidan Waya da Kachia, duk wanda citta ta yi wa albarka, ko ya karɓi kuɗin sallama daga aikin gwamnati, babban burinsa shi ne ginin bulo da siminti. Makarantu, asibitoci, coci-coci, masallatai, da ɗakunan hayar da ke kewaye da Kwalejin Ilimi ta Gidan Waya da reshen Jami'ar Jihar Kaduna na Kafanchan, duk bulo ne. Shi kuwa bulo, idan aka bi diddigi, yashi ne da aka ɗaure da ɗan siminti: kwano ɗaya na siminti, shida ko fiye na yashi. Kankare da filasta ma ba sa yiwuwa sai da shi. Ashe ke nan duk bangon siminti da ke tsaye a garin, kwarin kogi ne aka kwaso aka miƙar da shi. Ramin yana nan bai ɓace ba, sai dai ya yi ƙaura zuwa inda mai gida ba zai taɓa ganinsa ba, a bakin gonar wani mutum da bai ko san sunansa ba. A nan batun alhaki ya taso, domin siminti ya raba mai gini da raminsa.

Mai karatu na iya cewa, ai ga Sahara can shimfiɗe da rairayi, me zai sa a damu? Amsa ita ce rairayin hamada ba ya yin gini mai ƙarko, domin iska ta goge shi ya yi sumul, siminti ba ya kama shi yadda ya kamata. Yashin da magina ke nema shi ne mai kaushi, irin wanda ruwa ya ɓarzo daga duwatsu. A wannan yanki, ƙoramun da ke gangarowa daga tsaunukan Kagoro da gefen tudun Jos su ke kawo shi, dutse kuwa yakan ɗauki dubban shekaru kafin ya farfashe ya zama yashi. Yunwar yashi ba a Kudancin Kaduna ta tsaya ba. Rahoton da hukumar kula da muhalli ta Majalisar Ɗinkin Duniya ta fitar a 2022 ya ƙiyasta cewa duniya na cinye kimanin tan biliyan 50 na yashi da tsakuwa a kowace shekara, kuma in ban da ruwa, ba wani arzikin ƙasa da ɗan Adam ke kwasa kamarsa.

Aikin da Yashi Ke Yi a Kwance

Kafin a ce wani ya yi laifi, wajibi ne a nuna wanda aka cuta. Mutane da yawa sun ɗauka yashin da ke kwance a kogi zaman banza yake yi, alhali kuwa yana riƙe da manyan ayyuka uku.

Na farko, rumbun ruwa ne. Duk wanda ya tashi a karkara ya san cewa da rani, bayan ƙorama ta ƙafe a ido, mata kan tona yashi kamu ɗaya ko biyu su tarar da ruwa garau, wanda yashin ya ɓoye daga rana ya kuma tace shi. Da irin wannan tono makiyaya ke shayar da dabbobinsu. Idan aka kwashe yashin har aka tarar da dutse ko yumɓu, ruwan damina zai wuce da gudu, ba abin da zai riƙe shi. Na biyu, shi ke hana kwarin kogi zurfafa. Da zarar kwarin ya yi ƙasa, ruwan da ke ƙarƙashin fadamar gefensa yakan tsiyaye ya bi shi, sai rijiyar mai lambu ta ja baya, rake da kayan miya su fara jin ƙishi tun rani bai yi nisa ba. Na uku, shi ke tokare gaɓa. Kogin da aka raba da yashinsa yakan nemi madadi, sai ya shiga cin gefe da gefe, ya zaftare gona, ya tone gindin gada da kwalbati. Bugu da ƙari, ramukan da aka bari kan cika da damina, su zama tarko ga yaran da suka saba tsallake wurin da ƙafa.

Wannan ba tsoratarwa ba ce kawai. A ranar 4 ga Maris, 2001, wata tsohuwar gada a kan kogin Douro a ƙasar Fotugal ta rufta da motoci a kanta, mutum 59 suka rasu, kuma an lissafa yawan kwasar yashi a kogin cikin manyan dalilan da suka raunana gindinta. Mu ma nan kusa muna da namu darasin. Kuzar da jirgin ƙasa ya riƙa ratsa Kafanchan da ita zuwa bakin teku ta tafi, ribarta ta tafi, amma tafkunan da haƙarta ta bari a tudun Jos suna nan har yau, mutanen wurin ke zaune da su. Haka ɓarnar ƙasa take: mai riba yakan kama gabansa, rami ya zauna da wanda ba shi da inda za shi.

Abin Tarayya da Abin da Ba Shi da Mai Shi

Yanzu sai mu koma ga tambayar farko. Akwai bambanci tsakanin abin da ba shi da mai shi da abin da yake na kowa. Fārar da ke tashi a daji ba ta da mai ita, wanda ya kama tasa ce. Amma rijiyar unguwa ta kowa ce: kowa na da damar ɗiba, ba wanda ke da damar ƙafar da ita ko jefa mata mushe. Al'adunmu sun san wannan bambanci tun kafin zuwan Turawa. Akwai hurumi, akwai burtali da makiyaya da mashaya, waɗanda ba wanda ke da ikon mayar da su gonarsa. Malam Abdullahi ɗan Fodiyo ya rubuta littafi musamman a kan hanyoyin da mutum ke bi ya mallaki ƙasa. A Argungu, ba a su a Matan Fada sai lokacin da aka buɗe, kuma Sarkin Ruwa na da ta cewa. A garuruwan Kudancin Kaduna ma an san kurmin da al'ada ta hana a shiga da gatari.

To me ya sa al'ada ba ta hana ɗibar yashi ba? Domin a zamanin da ake ɗiba da ƙwarya da mangalar jaki, abin da mutane ke kwasa a shekara bai kai abin da damina ke mayarwa ba, kuma ba a kafa doka a kan abin da ba ya ƙarewa. Tifa ce ta sauya lissafin. Abin da jaki zai yi kwanaki yana jida, tifa kan kwashe shi a sawu ɗaya, ta kuma yi sawu da dama kafin rana ta faɗi. A ido aikin iri ɗaya ne, shebur ne da yashi, amma hukuncinsa ya bambanta saboda yawansa ya bambanta, kamar yadda mai ɗibar tulu ɗaya a rijiyar unguwa ya bambanta da wanda ya kawo inji ya zuƙe ta ya sayar wa maƙwabtansa.

Wani masani Ba'amurke, Garrett Hardin, ya yi hasashe a 1968 cewa duk abin da jama'a suka yi tarayya a kansa ƙarshensa lalacewa, domin riba ta mai ɗiba ce shi kaɗai, asara kuwa ta kowa da kowa. Wata masaniya, Elinor Ostrom, wadda ta sami lambar yabo ta Nobel a 2009, ta nuna da misalai daga ƙasashe da dama cewa hakan ba tilas ba ne. Al'ummomi kan tsare kayan tarayyarsu idan suna da iyaka sananniya, da masu sa ido daga cikinsu, da hukunci mai hawa daki-daki. Abin da za a tsinta a nan shi ne, yashin kogi yana da masu shi, ciki har da waɗanda ba a haifa ba tukuna, kuma wanda ya kwashe fiye da ƙima ya ci haƙƙinsu. Saboda haka hukunci yana da gurbi.

Abin da Doka Ta Ce

Sashe na 44(3) na Tsarin Mulkin 1999 ya danƙa dukkan ma'adinan ƙasar nan a hannun Gwamnatin Tarayya. Dokar Ma'adinai ta 2007 ta lissafa yashi tare da tsakuwa, dutse da marmara cikin abubuwan da ba a mayar da haƙarsu sana'a sai da lasin. Ta sa haƙa, ɗauka, riƙewa ko sayar da ma'adini saɓanin tanade-tanadenta cikin jerin laifuffuka, ta kuma yanka wa mai lasin da aka samu da irin wannan laifi tarar da ba ta gaza Naira miliyan 20 ba, da ɗaurin da bai gaza shekara 5 ba. A watan Maris na 2024 aka ƙaddamar da runduna ta musamman mai jami'ai fiye da 2,000 daga hukumar Sibil Difens, domin yaƙi da haƙar ma'adinai ba bisa ƙa'ida ba.

A takarda magana ta fita sarai, amma a bakin kogi ba haka take ba. Ma'adini na Tarayya ne, Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 kuma ta sa ƙasar kanta a hannun gwamna. Gonar da tifa ke ratsawa ta wani manomi ce. Mai unguwa na da tasa maganar. Sau da yawa ga masu yankan tikiti a hanya. Direban da ya biya mai gona, ya biya kuɗin ƙungiya, ya karɓi rasit, yana da dalilin zaton ya fita haƙƙin kowa, sai ya ji an ce takardar da ake nema wata ce daban. Har manya ma ruɗanin bai bar su ba. Gwamnatin Jihar Legas da hukumar kula da hanyoyin ruwa ta Tarayya sun shafe fiye da shekara 10 a kotu a kan wanda ke da ikon karɓar kuɗi daga masu jiragen ruwa da masu haƙar yashi, sai a Janairun 2024 Kotun Ƙoli ta ba Tarayya gaskiya. Idan gwamnatoci da lauyoyinsu sun bukaci wannan tsawon lokaci kafin su san mai iko, da wane ido za a dubi direban da bai wuce firamare ba?

Kura da Shan Bugu

Ga tambaya ta biyu, wato ta rabon alhaki. Kowace tifar yashi na da hannaye da yawa a bayanta. Akwai wanda ya ba da hanya ko ya sayar da gaɓa. Akwai leburorin da ke lodi da shebur, galibinsu samari ne da noma ya saki da rani. Akwai direba da yaron mota. Akwai mai motar, wanda sau da yawa ba ya ko leƙa kogi, balas kawai yake jira da yamma. Akwai dillali, akwai mai buga bulo, akwai ɗan kwangila, akwai mai gidan da ake ginawa. Idan kuma an yi rashin sa'a, akwai wanda aka ɗora wa tsaron hanya, ya karɓi na goro ya kau da kai.

Da me za a auna alhakin kowannensu? Hankali ya ba mu ma'aunai uku: me mutum ya sani, wane zaɓi yake da shi, kuma me ya samu. Lebura ya san kogi, amma zaɓinsa kaɗan ne, abin da yake samu kuwa na cefanen yini ne. Direba ɗan aike ne. In ya ƙi zuwa inda aka tura shi, gobe makulli na hannun wani. Mai mota da ɗan kwangila su suka fi sanin doka, su ke da halin neman lasin ko sayen yashi daga mai lasin, kuma aljihunsu ribar araha ke shiga. Wato duk sa'ad da aka ƙara nisa da kogi, sai alhaki ya ƙara nauyi. Shi kuwa hukunci akasin haka yake bi, ya fi sauka a kan wanda ƙafarsa ke jiƙe. Dalilin a fili yake. Tifa ba ta ɓuya: tana da ƙara, tana ɗigar da ruwa a kan kwalta, kuma tilas ta bi hanya. Yashi kuwa da zarar ya zama bango an shafa masa fenti, ba mai sake tambayar asalinsa. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Akwai kuma illar tsananin da ya wuce kima. Tarar miliyoyi da aljihun kamfani aka auna ta. Idan aka ɗaga ta a kan direba, ko da don barazana ne, shi da wanda ya tare shi duk sun san ba za ta biyu ba. Daga nan sai doka ta tashi daga garkuwar kogi ta koma hajar ciniki a gefen hanya: gwargwadon girman barazana, gwargwadon tsadar goro. Kuɗin ya fita daga aljihun direba, ya hau kan farashin yashi, kogi bai sami ko kwabo ba, gobe kuma motar ta koma lodi. Tun a 1764 wani masanin shari'a ɗan Italiya, Cesare Beccaria, ya lura cewa tabbacin hukunci ya fi tsananinsa hana laifi. Tara madaidaiciya da kowa ya san ba makawa sai ya biya, ta fi ɗaurin shekaru da kowa ya san ana fansa da goro.

Hujjar Masu Cewa a Tsananta

Adalci ne a saurari ɗaya ɓangaren, domin hujjarsu ba ta rainawa ba ce. Suna cewa, da farko, kogi dogo ne, ba ya gaduwa. Hanya ce kaɗai maƙogwaron da kowane yashi ke bi, don haka nan ya dace a tare. Na biyu, direba ba yaro ba ne. Wanda ke zuwa lodi da tsakar dare, ya kashe fitila idan ya hango shinge, ya san abin da yake yi. Na uku, wadda ta fi sauran nauyi, talauci bai ba kowa damar cutar da wani talaka ba. Mai lambun da gaɓarsa ta zaftare bai fi direba arziki ba. Matar da yanzu take ƙarin tafiya kafin ta sami ruwa ba ta da ƙungiya, ba ta da mai magana da yawunta. Tausayin da ya ga direba ya manta da ita, tausayi ne mai ido ɗaya.

Duk wannan gaskiya ne, shi ya sa ba a ce a saki direba ya tafi salin-alin ba. Sai dai in ɓera da sata, daddawa ma da wari. Hujjar farko ta nuna inda bincike zai fara, ba ta nuna inda zai ƙare ba. Tare mota a hanya ƙofa ce ta tambaya: wa ya aiko ka, ina ka ɗauko, ina za ka sauke? Dokokinmu sun daɗe da sanin wannan a wasu laifuffuka. Kundin hukunta laifuffuka na Arewa, wanda ya fara aiki a 1960, ya tanadi horo ga mai karɓar kayan sata, Bahaushe kuma ya riga shi da cewa abokin ɓarawo ɓarawo ne. Ta yaya za a ce mai sayen akuyar sata ya yi laifi, amma mai sayen lodi ɗari na yashin da aka kwaso daga gindin gada hannunsa tas yake?

Shi kuwa talauci, ba ya wanke laifi, amma yana rage masa nauyi, yana kuma mayar da tambaya kan mai hukunci. Tarihi ya kawo cewa Halifa Umar ɗan Haɗɗabi ya dakatar da haddin sata a shekarar da fari da yunwa suka addabi jama'arsa. Bai halatta sata ba, amma ya nuna cewa hukumar da ba ta buɗe wa mutum hanyar halal ba, hannunta ba shi da ƙarfin ɗaga bulala.

Sharuɗɗan Hukunci Mai Adalci

Saura tambaya ta uku: me ke sa horo ya zama hukunci, ya tsira daga zama zalunci? Daga abin da ya gabata ana iya tsamo sharuɗɗa biyar.

Na ɗaya, a buɗe ƙofar halal kafin a rufe ta haram. Mutane ba za su daina gini ba, don haka hana ɗibar yashi ɗungurungum mafarki ne. A ware wuraren ɗiba nesa da gadoji da mashaya, a ƙayyade zurfi da lokaci, a sauƙaƙa wa masu tifa da leburori samun izini da sunan ƙungiyoyinsu, a kuma bayyana musu ƙa'idojin da harshen da suke ji.

Na biyu, takarda ta bi yashi har masauƙinsa. Kowane lodi ya fito da shaidar inda aka ɗauko shi, mai saye da yawa ya adana ta. Gwamnati ta fara da kanta, tunda ayyukan hanyoyi da makarantun da take bayarwa na cikin manyan masu cin yashi. Abin kunya ne a gina kwalbati da yashin da aka tono daga gindin wata kwalbatin.

Na uku, hukunci ya hau daki-daki, ya kuma yi daidai da riba: gargaɗi da 'yar tara ga lebura da direba a karon farko, tara mai zafi ga mai mota da babban mai saye, ƙwace mota da soke kwangila ga wanda ya mayar da abin sana'a.

Na huɗu, ba sani ba sabo. Ranar da aka saki motar wani babba da bugun waya ɗaya, aka tsare ta marar gata, ranar dokar ta mutu a zukatan mutane, ko da tana nan raye a littafi.

Na biyar, tara ta koma kogi, domin wanda aka cuta shi ya fi cancanta da diyya. A yi amfani da kuɗin wajen cike ramuka, dasa itatuwa da gora a gaɓa, da biyan wanda ruwa ya cinye wa gona. An riga an gwada irin wannan a Afirka. A 2015 gundumar Makueni ta ƙasar Kenya, wadda rikicin yashi ya addaba, ta kafa doka da hukuma ta musamman mai ba da izini, mai ware wuraren ɗiba, mai mayar da wani kaso na kuɗin shiga ga gyaran koguna. Masu sa ido kuwa su fito daga garuruwan bakin kogi, domin mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo.

Kammalawa

An ga cewa yashin kogi yana da masu shi, ɗibarsa fiye da ƙima cuta ce ta gaske, alhakin kuma ya fi nauyi a wuyan wanda ya fi sani, ya fi zaɓi, ya fi riba. Abin da ya rage ya shafi mai karatu kai tsaye. Daga cikin ɗaliban da ke karanta wannan mujalla, nan da 'yan shekaru wasu za su zama alƙalai, wasu jami'an tsaro, wasu 'yan kwangila, kuma kusan kowa zai so ya gina ɗakin kansa. Ranar da tifa ta tsaya a bakin filinka, za ka tambayi farashi, za ka damƙi yashin ka ji ko yana da laka. Akwai tambayar da ba a saba yi ba: daga wane kogi, kuma da izinin wa? Wataƙila amsar ta sa ka biya ƙari, ko ka koma ga dusar dutse ta injin fasa tsakuwa, ko tubalin jar ƙasa a inda zai yiwu. Wannan ƙarin shi ne kuɗin ramin da kakanka yake gani a bayan gidansa, kai kuma ba ka gani. In ba ka biya ba, akwai mai biya: ko mai lambu, ko matar da ke tona yashi da rani, ko direban da zai kwana a bayan kanta. Muddin masu gini ba su yarda sun ɗauki nasu kason ba, ba su da bakin cewa a tsananta wa mai tifa.